Allo Biyu a Kabari Ɗaya

Shekara goma sha huɗu Koshimura Osamu yana tafiya Kanazawa ziyarar kabarin iyayensa, kuma bai taɓa isa ba.

Kowace shekara, in tsakiyar watan Yuli ya kama, lokacin da mutanen garin ke gaida matattunsu, sai ya ɗauki hutun kwana ɗaya a kamfanin inshorar da yake aiki a Tokyo, ya sa baƙar kwat, ya shiga jirgin ƙasa da fuskar ɗa nagari. Sai ya sauka a Toyama, saura kaɗan a kai Kanazawa. A can yana da shagon taliya guda da ya saba da shi, da wani benci a bakin kogi. Ya ci, ya zauna, ya karance jarida har shafin farashin kifi. Da la'asar ya sayi alewar Kanazawa a kantin tasha, tunda 'yan kasuwa ba ruwansu da iyakar gari, ya koma gida da tsaraba da kuma gaisuwar yayarsa Yasuko. Gaisuwar a cikin jirgi yake haɗa ta. Wata shekarar Yaya tana fama da gwiwa, wata shekarar ta sami sauƙi.

Dalilin ba mai tsawo ba ne. Ranar da aka ƙona gawar mahaifiyarsu, 'yarsa na kwance da ƙyanda a Tokyo, matarsa na jinya, don haka shi kaɗai ya zo. Bayan ƙonawa 'ya'yan mamaci ne ke tsintar ƙashi, mutum biyu su kama ƙashi ɗaya da dogayen tsinke su sa a tulu. Su biyu ne rak, shi da Yasuko. Suna zaune a ɗakin jira wayarsa ta yi ƙara. Ya ce bari ya amsa a waje. Ya fita waje, ya ga tasi, ya shiga. Taron da aka kira shi dominsa ko an aika kujerarsa kawai da ta wadatar. Gaskiyar ita ce ba zai iya kallon ƙashin ba. Daga baya ya ji cewa da mai awarar da ke makwabtaka da su Yasuko ta tsinci ƙashin uwarsu.

Ya yi niyyar ba da haƙuri a satin. Sati ya zama wata. Daga nan haƙurin ya yi girman da ba ya shiga waya.

Bana ne asirin ya fara wari. Shiori, 'yar tasa, ta cika ashirin da biyar, za ta yi aure a lokacin kaka, ta ce sai ta je kabari ta gaya wa kakarta da bakinta. Osamu ya kawo zancen zafi. Ta ce tana da mafici. Ya kawo zancen ruwan sama. Ta ce ai ba gishiri ba ce. Ya ce Yaya ma ba ta gari, ta tafi jinyar gwiwa a maɓuɓɓugar ruwan zafi. Ta ce to, sai a gaida matattu, su ai suna gari.

"Kuma na yi hayar ɗan jagora," ta ce. "Awa uku, mu kaɗai, a ƙafa, ya ƙare da mu a haikalin su Kaka."

"Ɗan jagora? A garin da aka haife ni?"

"Baba, tun ina ƙarama in na tambaye ka Kanazawa, sai ka ce gari ne mai ruwan sama. Tunda kai ba ka magana, na nemo mai magana."

Abin da ya iya samu daga gare ta shi ne alkawarin ba za ta ce shi ɗan gari ba ne. Ya ce a bar bawan Allah ya ci guminsa. Ainihin tsoronsa kuwa, Kanazawa gari ne da in ka yi atishawa a wannan gada, za a tambayi lafiyarka a waccan. Lissafinsa mai sauƙi ne: awa uku, kabari ɗaya, jirgin ƙarfe huɗu, yarinya ta koma gida tana ganin ubanta yadda ta saba ganinsa.

Tun a tasha ya fara tuntuɓe. Ya nufi ƙofar da ya sani da saurin mai gida, ya tarar da kantin sayar da burodi. Shiori ce ta jawo hannun rigarsa.

Ɗan jagoran na tsaye da takarda mai ɗauke da sunansu. Tsoho ne ɗan gajere, ya haura saba'in, da malafa, da tawul a wuya, da laima uku a hannu ɗaya. Ya rusuna, ya ce sunansa Hashizume, shekara talatin da takwas yana koyar da 'yan firamare, don haka ya saba da tafiya da mutanen da ba sa saurare.

"Koshimura," ya ce, yana duba takardar kamar yau ya fara ganin ta. "Ai wannan suna na gida ne, ranka ya daɗe."

"Kakan kakana ne, ina jin," in ji Osamu. "Mu dai a Tokyo muka tashi."

"Madalla. To yau za a maido ka gida." Ya miƙa musu laima ɗai-ɗai. "Sama tas take, na sani. Ku riƙe dai. Ita ma ta san mun sani."

Suka bi ta kasuwa, inda masu kifi ke kiran Shiori 'yammata suna kiran Osamu maigida. Malam Hashizume ya saya mata ƙanƙara, ya gaida mutum goma sha ɗaya da sunayensu, ya gaya wa wani mai ƙaguwa, ƙato mai furfura, cewa har yau ba a ga aikin gidansa na aji huɗu ba. Osamu ya ja hularsa ƙasa. Mai sayar da gwangwani na kusurwa ɗan ajinsu ne, ya gane shi da kunnuwa. Ya wuce ta gabansa yana nazarin rufin kasuwa kamar wanda aka turo duba yoyo.

Abin da bai lissafa ba shi ne, yin baƙo aiki ne. Baƙo yana tsayawa a mararraba ya jira. Baƙo yana cewa "kai!" in an nuna masa bangon ƙasa. Shi kuwa sau biyu ƙafarsa ta karya kwana kafin a ce a karya. A unguwar mayaƙan dā, inda wata ƙorama ke bin gindin katanga, ya tsallake wani dutse mai santsi ba tare da ya kalli ƙasa ba, Shiori da ke bayansa ta taka ta kusa zamewa.

"Ranka ya daɗe, ƙafarka ta fi ni sanin aiki," in ji tsohon. "In ka yi ritaya ka neme ni."

Osamu ya yi dariyar da ake yi wa shugaba a ofis.

Wajen ƙarfe sha ɗaya suka haye gadar kogin Sai, suka fara hawan tudun unguwar haikalai. Zafin ya yi ɗanko, baƙar kwat ta manne masa a baya. A rabin tudu Malam Hashizume ya tsaya ya nuna wani filin ajiye motoci a hannun dama, ya ce nan gidan wankan unguwa yake a dā, mai dogon bututun hayaƙi, har yara kan ce shi ke tokare da gajimare.

"Hagu," in ji Osamu.

Kalmar ta fita ne kafin ya kama ta. Shekara talatin yana gyara takardun mutane, ba ya iya ganin kuskure ya bar shi ya wuce da rai.

"Na'am?"

"Na ce... ina jin a hagu ya fi dacewa. Saboda gangaren ruwa."

Tsohon ya kalli hagu, ya kalli dama, ya goge wuya da tawul. "Ka ga tsufa ko. Hagu ne. Ashe kakan kakan nan har taswira ya bar muku."

Shiori ta toshe baki tana dariya. Ita a ganinta wasa ne, ubanta na wasan ɓuya kuma ana kama shi. Ta ma saƙalo hannunta a nasa, abin da rabon ta da yi tun tana sakandare. "Baba, ba ka iya ƙarya ba sam," ta raɗa masa.

A ƙofar haikalin akwai rumfar mai furanni, jama'a sun yi layi. Malam Hashizume ya ɗauko wani siririn allon katako daga kwando, bai kai tsawon hannu ba, da zare a kansa, ya nuna wa Shiori. Ya ce wannan shi ne kiriko. Duk wanda ya zo gaida kabari a kwanakin nan zai rubuta sunansa a jiki ya rataya. In kwanakin sun wuce haikali ya tattara ya ƙona.

"Don mamacin ya san wanda ya zo?" ta tambaya.

"Haba 'yata, matattu sun gama karatu. Don masu rai ake rubutawa. Masu kabari su zo su duba, wane ya zo, wane bai zo ba. Ni da na yi shekara talatin da takwas ina kiran suna a aji, ban taɓa ganin rajistar da ake tsoro kamar wannan ba."

Osamu bai tsaya jin wannan bayani ba, yana can baya yana fifita da hula, bai ma kalli abin da ke hannun tsohon ba. Ai ya san kiriko tun yana goye. Da Shiori ta juyo ta ce, "Baba, kai ka saya mana," sai ya ga ga wuri ɗaya da zai nuna mata shi ɗan hanya ne. Ya matsa gaban tebur.

"Kiriko ɗaya, mai akwati. A haɗa da kyandir."

Mai furannin, wata mace mai ɗaurin kai, ta dakata da almakashi a hannu. "Mai akwati? Maigida, ai haikalin nan ya daina karɓar mai akwati yau shekara tara. Sun ce wajen ƙonawa ya yi musu yawa. Allo ake yi yanzu." Ta juya ga abokiyar aikinta. "Kin ji, mai akwati! Rabon da in ji an nema tun ina da haƙorana duka."

Mutum biyu a layi suka yi murmushi. Malam Hashizume ya sako baki da sauri, ya ce ai wasu haikalan can bayan tudu har gobe suna karɓa, mutum yakan rikice. Mai furannin ta kalli Osamu da kyau, ta kalli tsohon, sai kuma ta ce haka ne, haka ne, ana rikicewa, ta miƙa allo da alƙalamin tawada da hannu biyu, ba ta ƙara ɗago ido ba.

Shiori ta karɓi furannin, ba ta sake saƙalo hannunta a nasa ba.

Kabarin yana layi na huɗu daga bangon baya, kusa da bishiyar da ya sani tana ƙarama. Duk shekarun nan in ya tuna shi, yakan gan shi da gansakuka da busasshen ganye, yana jiran ɗansa. Wannan ma wani nau'in yabon kai ne. Dutsen wanke yake tas. Furannin da ke tulunan ba su fi kwana biyu ba. A kan sandar da aka gitta gaban dutsen, alluna uku na lilo a iska.

Malam Hashizume ya ce bari ya ɗebo ruwan wanke kabari, ya ɗauki bokiti ya tafi, duk da famfon na nan taku goma kuma shi ya nufi na can ƙarshen makabarta.

Shiori ta juya allon farko. Koshimura Yasuko.

"Gwaggo ta zo," ta ce. "Ashe tana gari."

"Wataƙila kafin ta tafi..."

Ta juya na biyu. Sunan gidan mai awara ne. Ta juya na uku, ta tsaya. Ya matso ya leƙa ta kafaɗarta.

Koshimura Osamu, Tokyo.

Ya san rubutun. Hannun da ya rubuta masa suna a jakar makaranta ne, da a cikin takalman motsa jiki, da a gindin laima. Ta ɗan karkata shi, ta ƙara masa kauri, wai don ya yi kama da na namiji. Ko yaron aji biyu ba zai ruɗu ba.

"Baba, yaushe ka zo?"

Ƙaryar ta zo masa a shirye, har da takalmanta: na bugo wa Yaya na ce ta rataya min, don ban tabbata za mu samu zuwa ba. Mai kyau ce, za ta kai su jirgin ƙarfe huɗu. Ya buɗe baki. Allon ya juya a iska ya nuna masa bayansa, ya sake juyowa.

"Ban zo ba," ya ce.

"Bana?"

"Ban taɓa zuwa ba. Tun ranar."

Ya gaya mata a tsaye, yana kallon dutsen. Ɗakin jira, waya, tasi, mai awara. Toyama, taliya, benci. Bai kai minti biyu ba. Abin ya ba shi haushi ma, yadda kayan da ya yi shekara goma sha huɗu yana ɗauka ya ƙare a minti biyu, kuma ba wani wuri a ciki da mutum zai tsaya ya ce kai, abin tausayi.

Shiori ta sa furannin a tulu ɗaya bayan ɗaya, tana gyara tsayinsu.

"Alewar fa?"

"A Toyama ake sayarwa."

"Gwiwar Gwaggo?"

"Ban sani ba. Mai yiwuwa lafiyarta ƙalau."

"Ina aji shida na saƙa mata abin ɗumama gwiwa. Na ba ka ka kai mata."

Ya tuna. Yana cikin aljihun teburinsa na ofis, ƙarƙashin tsofaffin katunan suna.

Malam Hashizume ya dawo da bokiti da ludayi, yana tafiyar mai jiran a gama. Ya ajiye, ya haɗa hannu ya rusuna wa kabarin.

"Malam," in ji Shiori, "ka san Gwaggona?"

Tsohon ya cire malafa. "Shekara ashirin tana dafa abincin rana a makarantarmu. Tun da na ga suna da haikali a takardarki na san ko su wa zan ɗauko a tasha."

"Ka gaya mata?"

"Ni ɗan jagora ne, 'yata, ba ɗan aike ba."

"Kuma ka san wannan?" Ta nuna allon.

"Allo biyu take saya duk shekara, ranar farko, da sassafe. Mai furanni ta sani. Malamin haikali ya sani. Mai awara ya sani, shi da ke zuwa ya karanta ya ce, a'a, Osamu ya zo, yaron kirki. Ita kuma ta ce eh, ya zo a gurguje, ka san aikin Tokyo." Ya mai da malafarsa. "A garin nan in mutum na lulluɓe abu, mu namu mu kama masa bakin mayafin. Ba a tambaya."

Osamu ya tsaya da wannan. Shi da ya yi ta ɓuya a bayan jarida a wani gari, ashe unguwa guda ce ke tashi duk shekara ta yi masa aikin gayya. Har mai awara. Ya so ƙasa ta tsage, amma a makabarta ko wannan sai da izinin haikali.

Ya miƙa hannu ga sabon allon. "Kawo in rubuta."

"Naka ai yana rataye," in ji Shiori.

Ta durƙusa, ta ɗora allon a gwiwa, ta rubuta sunanta ita kaɗai, ta hura tawadar ta bushe, ta ɗaura shi kusa da na gwaggonta. Ta zuba ruwa a dutsen, ta kunna turare, ta haɗa hannu ta rufe ido. Ta daɗe. Osamu ya ga leɓɓanta na motsi, ya kama sunan saurayin, sauran bai ji ba kuma bai da bakin tambaya. Shi ma ya haɗa hannu. Ya nemi abin da zai ce wa uwarsa, ya tarar ya bar shi a Toyama.

Da suka fito ƙofar haikali, Shiori ta ce, "Malam, ka kai ni gidan Gwaggo."

Tsohon ya duba agogo. Saura minti ashirin da biyar a awa ukun. "Ayya, lokacina ya cika," ya ce. "Kuma wannan hanyar akwai wanda ya fi ni saninta." Ya karɓi laimominsa, ya rusuna sau biyu, ya gangara tudu da saurin da bai nuna ba duk safiya.

Tafiyar minti shida ce. Osamu na gaba, 'yarsa na baya da taku uku. Ba wanda ya nuna wa wani komai.

Gidan ya ƙanƙance. Allon shagon tabarmar ubansu na nan a saman ƙofa, rubutun ya koɗe. Yasuko na bakin ƙofa da bokiti tana yayyafa ruwa a titi don sanyi. Ta yi furfura, ta rage tsawo, tana tsugunawa tana miƙewa kamar yarinya. Gwiwa ƙalau. A tsallaken titi wata tsohuwa na zaune a kujera tana fifita, irin tsofaffin da unguwa ke ajiyewa maimakon jarida.

Yasuko ta ɗago. Ta kalle shi tun daga hula har takalmi. Idonta ya gilma tsallaken titi ya dawo.

"A'a, ka dawo?" ta ce da ƙarfi, muryar da ake yi don makwabta. "Na zaci tun shekaranjiya ka koma. Ka manta wani abu ne?"

Ga ƙofa an buɗe masa, har da tabarma. Eh kawai zai ce. Amma mutumin da ya faɗi gaskiya sau ɗaya a yini yakan ɗauka ya ƙware. Ya cire hula, ya haɗa ƙafa, ya rusuna a tsakiyar titi har kansa ya kusa gwiwa.

"Yaya, ban zo shekaranjiya ba! Ban zo bara ba! Tun ranar da na gudu na bar ki da ƙashin Inna..."

Maficin tsallaken titi ya tsaya cak.

"Rufe min baki," in ji Yasuko ta cikin haƙora. Ta cafko shi a kwala, ta ja shi ciki kamar buhu, ta yafito Shiori, ta ja ƙofa ta rufe.

A ɗan zauren da ake cire takalmi kafin a hau dakalin shiga gida, duhu-duhu, sanyi, ƙamshin ciyawar tabarma bai gama fita ba. Ta sake shi.

"Shekara goma sha huɗu ina ɗinke maka, ka zo ka farke min a tsakiyar titi, a gaban matar Nishino! Kafin la'asar an ji a kasuwa. Kai ko haƙurin ma sai ka ba da shi yadda zai fi maka daɗi."

"Yaya, ai na ji an ce kowa ya sani."

"Sani daban, ji daban! Wa ya rene ka ne?"

Sai ta juya ga Shiori, fuskar ta warware gaba ɗaya. Ta kama kumatunta da jiƙaƙƙun hannuwa. "Ke ce mai ƙyanda? Dubi tsawo! Goshin Inna sak. Hau, hau, cire takalmi. Kin ci abinci? Ƙarya kike, wannan ba ya ciyar da mutum. Aure? Yaushe? Ɗan ina ne? Yana da kunya?"

Suka shige ciki. Ya ji ƙarar ƙofar ɗaki, ya ji an taɓa ƙaramar ƙararrawar wurin gaida magabata, ya ji Yasuko na cewa Inna ga jikarki. Daga baya ya ji buta a wuta, da dariyar Shiori, gajeriya, irin ta wanda ya gama kuka.

Shi ba a ce ya hau ba, ba a ce ya fita ba. Ya tsaya a kan siminti da takalmansa, hula a hannu, zufa na bushewa a bayansa. A gidan nan aka haife shi, a ɗakin da ke bayan wannan bangon. Ɗan gida ba ya jiran izini, yakan tuɓe takalmi ya haye da safa yana kiran abinci. Ya ɗaga ƙafa ɗaya, ya mai da ita.

Ƙarfe huɗu ta wuce yana tsaye.

Can Yasuko ta fito. Ba ta kalle shi ba. Ta buɗe ɗan kabad ɗin takalma, ta laluba can ciki, ta zaro silifas masu ruwan toka, sababbi, har da takardar kanti a tsakaninsu. Na baƙi ne, waɗanda ake fito wa malamin haikali da mai karanta mita. Ta durƙusa, ta jera su a bakin dakali, ta juya su suna fuskantar ciki, ta gyara su daidai da yatsa.

"Bismillah, a shigo," ta ce, da ladabin da ake yi wa wanda ba a sani ba. "Gidan ba kyau, a yi haƙuri."

Osamu ya kwance igiyar takalminsa. Silifas ɗin sun yi masa kaɗan, dugadugansa a waje. Ya sa su haka, ya bi bayanta.